Yadda zaka haɗa fim marar magana da wayarka a ƙauye, darasi daga rayuwar darakta Murnau

Duk wanda ya taɓa gwada ɗaukar diramar waya a ƙauyukanmu na nan wajen Ringim da Taura ya san ba hoto bane yake kayar da mutum, murya ce. Ka tara yara, ka roƙi kawu ya ara maka zaurensa, kowa ya haddace maganarsa, ana cewa a fara sai injin niƙa ya tashi a bayan katanga, ko iskar hunturu ta dinga bugun wayar fuu fuu, ko akuya ta hau kuka kamar an aiko ta. Nawa na farko haka ya lalace, kwana uku muna aiki, da na zo dubawa da daddare ko kalma ɗaya ba'a ji sai iska, kuma wallahi abin ya ci min rai sosai don yaran sun bar aikin gona ne suka zo saboda ni. Makirfo mai kyau kuɗi ne, ba kowa ke da shi ba. Toh shawarar da zan baka ita ce ka ajiye maganar murya gaba ɗaya tukunna, ka koyi bada labari da hoto kaɗai. Ba sabon abu bane, kusan shekara talatin duniya tana kallon fim a haka, tun daga 1895 da 'yan uwan nan biyu Lumière suka nuna nasu a Paris har zuwa 1927 da fim mai magana ya fara karɓar kasuwa a Amurka. Mutanen da sukai aiki a wancan zamanin duk matsalar da kake ciki yau sun shige ta sun samo mafita, kuma wanda nafi ƙaruwa da shi a cikinsu wani Bajamushe ne, Murnau.

An haife shi a 1888 a garin Bielefeld, sunansa na yanka Friedrich Wilhelm Plumpe, Murnau ɗin sunan wani gari ne ya ɗauka ya mayar nasa. Abin da nake so ka lura da shi tun farko, ba da kyamara ya fara ba. Tarihin zane-zane da adabi ya karanta a jami'ar Heidelberg, daga nan ya shiga wasan daɓe a ƙungiyar wani fitaccen daraktan wasan daɓe, Max Reinhardt, sai yaƙin duniya na ɗaya ya zo ya tafi soja har ya shiga rundunar jiragen sama, sai 1919 ya fara bada umarnin fim yana da shekara talatin. Wato idonsa ya riga ya ƙoshi da kallon hoto kafin hannunsa ya taɓa na'ura. Kai ma daga nan zaka fara. Kafin ka ɗauki komai ka ɗau sati guda kana kallo kawai, ka zauna a bakin kasuwa daga nesa inda baka jin me ake cewa, ka gwada gane me ke faruwa. Ka je kara ranar Lahadi a Gujungu ka kalli dillali da mai saniya, yadda mai saniya yake kau da kai idan tayin bai masa ba, yadda dillali yake riƙo hannun rigarsa ya ja shi gefe, yadda mai saye yake yin kamar zai tafi amma ƙafarsa bata nisa. Baka ji ko kalma ba amma ka san an taya, an ce albarka, an ƙara, an sallama. Toh wannan ɗin da ka gani shi ne fim marar magana, mu muna da shi tuntuni a jikinmu. Kunya ma haka take, surukin da ya cire takalmi tun daga nesa ya durƙusa yana kallon ƙasa ba sai an rubuta maka waye shi a gidan ba.

Sai zaɓen labari, kuma nan ne mafi yawanmu muke faɗuwa don mun saba da fim ɗin da mutum biyu zasu zauna a kujera suyi ta bayani minti goma, wane ɗan wane ne, gadon wane aka cinye. Irin wannan labarin baya yiwuwa a nan. Labarin da zaka ɗauka sai wanda zaka iya faɗa a numfashi ɗaya, kuma ya zama akwai wani abu da ido ke gani wanda duk labarin ya rataya a kansa. Dubi abin da Murnau yayi a 1924 a kamfanin UFA na Berlin, fim ɗin da ake kira Der letzte Mann, wato mutum na ƙarshe. Wani dattijo ne mai tsaron ƙofar babban otal, yana da wata babbar riga ta aiki mai maɓallai masu ƙyalli, a unguwarsu ta talakawa duk girman da ake bashi saboda rigar nan ne, sai aka ce ya tsufa, aka karɓe rigar aka mayar dashi kula da bandaki. Shikenan labarin. Riga ce a jiki, riga ce babu. Emil Jannings ne ya fito a dattijon, da riga yana tafiya ƙirji a gaba, da aka cire ta sai kaga mutum ya rankwafa kamar an zare masa ƙashin baya. Kuma fim ɗin kusan gaba ɗayansa babu allon rubutu na magana, guda ɗaya ne tak wajen ƙarshe, in banda wasiƙa da jarida da ake nunawa a cikin labarin. Mu da muka san darajar rawani da alkyabba da jar rigar dogari ai ba sai an mana dogon bayani ba.

Ni nawa da na sake yi bayan wancan ya lalace, labarin wani dattijo ne da zai sayar da san nomansa saboda rashin lafiyar jikarsa. Abin da na rataya labarin a kansa igiya ce. Da farko ka ganta a wuyan sa, dattijon yana shafa masa doro yana zuba masa harawa, a tsakiya ka ganta a hannun dillali, a ƙarshe dattijon ya dawo gida da ita a naɗe a hannu ya tsaya a gaban turke babu komai. Minti shida ne duka. Kai ma ka nemi naka, buta ce, keke ne, allon makaranta ne, takardar asibiti ce, koma dai menene, amma ya zama idan abin ya canja hannu ko ya canja kama mai kallo ya san rayuwar mutumin ta canja.

In ka samu labarin kar ka rubuta shi da magana, zana shi zakai. Sami littafin makaranta mai arba'in, kowane shafi ka raba gida huɗu, kowane gida hoto ɗaya, ko da mutum-mutumin sanda kake zanawa ba komai. Sannan ka miƙa wa ƙaninka ko wani yaro da bai san labarin ba kace ya faɗa maka me ya faru. Inda ya tsaya yana kame-kame toh nan akwai hoton da ya ɓace, ka ƙara. Wannan gwajin yafi duk wata shawara da wani zai baka, kuma ba ya cin ko sisi.

Yanzu maganar haske, kuma a nan zan daɗe don shi ne jarin da Allah ya bamu kyauta. Masu fim na farko da rana suka dogara, ɗakin ɗaukar fim da Edison, wani mai ƙirƙire-ƙirƙire a Amurka, ya gina a 1893 a kan abin juyawa aka ɗora shi, rufinsa yana buɗewa, ana juya shi yana bin rana, kuma yawan rana na cikin abin da ya ja masu fim zuwa Kalifoniya. Su ma rana tana musu yawa, sai su shimfiɗa farin yadi a sama ya tace ta. Mu ranar tamu tafi tasu zafi, don haka daga wajen ƙarfe sha ɗaya zuwa bayan azahar kar ka ɗauki fuskar mutum a fili, rana tana tsakar ka, ido yana komawa rami baƙi, hula tana jefa inuwa ta rufe rabin fuska, kuma fim ɗin da babu magana idan ido ya ɓace me ya rage? Lokacinka daga fitowar rana zuwa hantsi, sai kuma bayan la'asar zuwa dab da magariba. In dole sai da rana tsaka, shiga ƙarƙashin darbejiya ko rumfa, ko ka tsayar da mutumin a bakin ƙofar zaure daga ciki yana fuskantar waje, kai kana waje, hasken da ke shigowa ta ƙofa mai laushi ne kuma bayansa duhu, fuskar sai ta fito tas. Wannan bakin zauren shi ne wurin da nafi so a duk garinmu. Ranar da hazo ya sauka kuwa kar kace an ɓata maka rana, hazo shi ne farin yadin da su suke shimfiɗawa, ya zo maka har gida.

Fatarmu baƙa ce, waya kuma tana auna haske ne da abin da yafi haske a gabanta, shi yasa idan jaruminka ya saka farar shadda sai wayar ta rage haske saboda rigar, fuskarsa ta koma gawayi. Ka hana fararen kaya, a saka shuɗi ko ruwan toka ko ruwan ƙasa, tsofaffin kaya ma sun fi. Ka ɗora yatsa a kan fuskar a allon wayar ka danne har ya kulle hasken, yawancin wayoyi suna yi. Sannan ka samu yaro ɗaya ya riƙe farin kwali ko babban faranti na silba daga gefen da inuwa take, ya dinga mayar da hasken rana kan fuskar, amma daga ɗan nesa don kar ya kashe wa mutum ido. Kuma dan Allah goge gilashin kyamarar da gefen riga kafin kowane ɗauka, ƙurar garin nan ba wasa bace.

Inuwa kuma kar ka ɗauke ta abokiyar gaba. A fim ɗin tsoro da Murnau yayi a 1922, Nosferatu, wurin da har yau ake tunawa ba dodon ake gani ba, inuwarsa ce a jikin bango tana hawa matakala da dogayen yatsu. Kai da kake da katangar ƙasa da ranar la'asar mai miƙa inuwa, kana da wannan a hannu. Ni ban nuna lokacin da aka tafi da san ba, inuwarsa na nuna tana wucewa a jikin katanga, da ƙahonni da komai, dattijon yana tsaye bai motsa ba. In da dare ne, fitila ɗaya tak ko tocila a gefe ɗaya, kar ka haska ko'ina.

Riƙon waya: a kwance, ba a tsaye ba, sai dai in don TikTok kaɗai kake yi, toh wannan ka yanke tun farko kar ka gauraya. Kar ta dinga rawa. In baka da abin kafawa, kifa turmi ka ɗora buhun gero rabi a kai ka nutsa wayar a ciki, zata zauna daram kuma zaka iya karkata ta yadda kake so. Kar ka taɓa jawo hoto da yatsa, yana farfasa shi, ka taka da ƙafarka ka matsa. Kowane abu ka ɗauke shi sau uku, daga nesa don a ga wurin, daga tsakiya don a ga mutanen da abin da hannunsu ke yi, sai daf da fuska ko daf da hannu. Na kusan nan shi ne yake maye gurbin magana, don haka kar kayi masa rowa, amma kuma kar ka ɓarnatar dashi, ka ajiye shi sai inda zuciya zata motsa. Kowane ɗauka ka bari ya kai daƙiƙa goma ko da biyu kake buƙata, wajen yanka zaka gode min.

Motsa kyamara kuwa, nan ne sunan Murnau ya fita duniya. A wancan lokacin kyamara ƙatuwa ce, a kan ƙafafu take a kafe, ana juya ta da hannu. Shi da mai ɗaukar hotonsa Karl Freund suka ce sai ta yi tafiya, fim ɗin dattijon nan mai tsaron otal yana buɗewa ne kyamara tana saukowa a cikin lif ta ratsa falon otal, a kan keke aka ɗora ta, wani wurin kuma Freund ya ɗaura ta a ƙirjinsa yana tangaɗi don mai kallo yaji yadda kan dattijon yake juyawa. Kaga kenan ba kayan aiki suka jira ba, abin da ke kusa suka ɗauka. Kai kana da keke, kana da baro, kana da amalanke. Zauna a baro a shimfiɗa maka bargo, riƙe wayar da hannu biyu gwiwar hannu a manne da ciki, wani ya tura ka a hankali a wuri mai laushi, a ɗan rage iskar tayar don kar ta dinga tsalle. Amma ga sharaɗi, kuma da gaske nake: kar ka motsa don kawai a ce ka iya. A fim ɗina sau ɗaya na motsa, lokacin da dattijon yake tafiya gida daga kasuwa, na bi bayansa ina kallon hannun da igiyar take. Sauran duk a kafe.

Wani abu ƙarami da yake rikita mai kallo, in mutum ya fita daga gida yana tafiya daga hagu zuwa dama, toh duk hotunan tafiyarsa su zama haka har ya isa, in zai dawo sai ya juya daga dama zuwa hagu. In ka gauraya sai a zata ya fasa tafiyar ya koma. Haka in mutum biyu suna fuskantar juna, ka zaɓi gefe ɗaya ka tsaya, kar ka tsallaka bayansu.

Daɗin aikin nan da babu a fim mai magana shi ne kana iya yin magana ana cikin ɗauka. Daraktocin wancan zamanin haka suke yi, kyamara na juyawa suna faɗa wa ɗan wasa abin da zai yi, har makaɗa ake kawowa wurin ɗauka suna kiɗa don ran ɗan wasa ya shiga yanayin. Wannan ba ƙaramin sauƙi bane ga wanda yake aiki da mutanen da basu taɓa wasa ba. Dattijon da ya fito min ƙanin kakana ne, bai taɓa tsayawa gaban kyamara ba, kuma da na ce masa yayi baƙin ciki sai ya dafe kai yana girgiza shi irin na wasan makaranta. Sai na daina faɗa masa abin da zai ji, na koma faɗa masa abin da zai yi. Ina tsugune a gefen turmi ina cewa, "Baba, a hankali, ku tsaya nan. Ku kalli turken. Kar ku ɗago tukunna, Baba. Yanzu ku sunkuya ku ɗauki ragowar harawar nan." Ya ɗauka ya riƙe, sai ya juyo yace min, "Ɗan nan, in zuba ta ina, tunda babu mai ci?" Nace, "Ku riƙe ta kawai Baba." Tsayuwar da yayi da harawa a hannu yana rasa inda zai kai ta, ita ce hoton da yafi kowanne a fim ɗin, kuma ba ni na tsara ta ba, shi da ya taɓa sayar da dabbarsa ya san abin a jikinsa. Toh ka ba mutum aikin hannu, kar ka bashi umarnin zuciya. Murnau ma ta jiki yake bi, a fim ɗinsa na farko a Amurka, Sunrise, an saka wa jarumin nauyi a cikin takalmi don tafiyarsa ta zama ta mutumin da abu ya danne wa rai. In kana son yaro yayi tafiyar gajiya, sa shi ya ɗebo ruwa jarka biyu kafin a ɗauka. Kuma ka hana su motsa baki suna surutu da yawa, mai kallo zai tsaya jiran jin abin da suke cewa.

Kafin duk wannan, izini. Je ka gaida mai gari ko mai unguwa ka faɗa masa abin da kake nufi, in a kasuwa ne ka nemi shugabannin kara, kar ka ɗaga waya a kan matan mutane ko cikin gidan da ba'a baka dama ba, yara kuma sai da yardar iyayensu. In abin ya girma har kana son kai shi kasuwa ko sinima a Kano, akwai hukumar tace fina-finai da aka kafa tun 2001, ka nemi ka'idarsu tun wuri.

Wajen haɗawa CapCut ko InShot ko KineMaster duk suna yi. Jera hotunan yadda ka zana, cire muryar gaba ɗaya, sannan ka fara yanka. A nan zaka gane wani sirri da wani malamin fim a Rasha, Lev Kuleshov, ya nuna wa ɗalibansa: ya ɗauki fuskar mutum ɗaya da bata nuna komai, ya haɗa ta da kwanon miya, ya sake haɗa ta da akwatin gawa, masu kallo suka ga yunwa a ta farko, baƙin ciki a ta biyu, alhali fuskar ɗaya ce. Ma'ana abin da ka saka kusa da fuska shi yake gaya wa mutane me ke zuciyar mai ita. Fuskar Baba, sai turke, sai fuskar Baba. Fuskar Baba, sai jikarsa a kwance a tabarma. Ba sai yayi kuka ba. Mayar da shi baƙi da fari ba dole bane, amma yana rufe bambancin launi tsakanin hoton safe da na yamma, kuma katangar ƙasa da rawani da fatar dattijo suna kyau a cikinsa ƙwarai.

Rubutu a allo, iya ƙoƙarinka kar ya wuce uku, gajeru, manyan baƙaƙe farare a kan baƙi, ka barshi ya daɗe yadda mai karatu a hankali zai karanta sau biyu. Ka tuna da yawa cikin masu kallonka boko bai zauna musu ba, in zaka iya saka ajami a ƙasa ka saka. Ni guda ɗaya na saka, "Ranar Lahadi", don a san ranar kasuwa ce. Kuma amfanin rashin maganar nan ya wuce maganin iska, Bafulatanin ruga zai gane, baƙon da baya jin Hausa zai gane, kurman garinku da kullum ake barinsa a baya wajen kallo shi ma zai zauna ya bi labarin daga farko har ƙarshe daidai da kowa.

Fim marar magana ba kasafai ake kallonsa shiru ba, a gidajen sinima akwai mai kiɗa a gaban allo, a Japan har mutum ake tsayarwa yana bayani, kuma kakanninmu sun san irin wannan a majigin da ake kawowa ƙofar fada da mota, mai bayani yana fassarawa da Hausa. Toh kai ma saka sauti, amma kar ka ɗauko waƙar wani ka liƙa, Facebook da YouTube suna iya kashe sautin ko su sauke bidiyon, kuma haƙƙin mutane ne. Murnau kansa ya ga irin wannan, Nosferatu daga littafin wani marubuci aka ɗauko labarin ba izini, matar marubucin ta kai ƙara, a 1925 kotu a Jamus tace a lalata kwafin fim ɗin, Allah yasa wasu sun riga sun fita ƙasashen waje shi yasa ya tsira. Nemi mai gurmi ko mai sarewa ko mai kukuma na kusa da ku, ku shiga ɗakin ƙasa da daddare bayan gari yayi shiru, a rufe ƙofa, ka kunna masa fim ɗin a wata wayar yana kallo yana kaɗawa, kai kana ɗauka da taka. Ka biya shi, ka rubuta sunansa a ƙarshe. In kuma gidanku ba'a son kiɗa, ɗauki sautin gari daban, kukan kurciya, daka, ƙarar kasuwa daga nesa, ka shimfiɗa a ƙasa.

Saura abu biyu da ƙarshen rayuwar mutumin nan ya koya min. A 1926 William Fox, mai kamfanin fim na Fox, ya gayyace shi Amurka ya sakar masa kuɗi da dama, yayi Sunrise a 1927, fim ɗin ya ci kyauta uku a bikin Oscar na farko a 1929, amma bai mayar da kuɗi yadda aka so ba, ga kuma fim mai magana ya shigo a daidai wannan lokacin, sai kamfani ya fara saka masa hannu a aiki, ana canja masa fina-finan da suka biyo baya. Ya bar su ya tafi tsibiran Tahiti da Bora Bora tare da wani mai shirya fim, Robert Flaherty, ya zuba kuɗinsa, ya ɗauki mutanen wurin da ba 'yan wasa ba yayi Tabu, kuma mako guda kafin a fara nuna shi ya rasu sakamakon haɗarin mota a Kalifoniya, a watan Maris 1931, yana da shekara 42. Abin da na ɗauka a nan, ranar da wani mai kuɗi ya ga aikinka yace zai ɗau nauyi, ku zauna gaban shaidu a rubuta waye yake da maganar ƙarshe a kan yanka, kuma a shafin waye za'a saka. Kar kunya ta hana ka, don ranar da aka saɓa ba kunyar zata raba ku ba.

Na biyun ajiya. Fim ɗin da yayi a 1928, 4 Devils, ya ɓata, babu wanda yake da shi yau, da wasu da dama cikin na farkonsa na Jamus. Asalin faifan Sunrise ma ya ƙone a gobarar ma'ajiyar Fox a 1937, don faifan wancan zamanin abu ne mai saurin kamawa da wuta, kuma mafi yawan fina-finan Amurka marasa magana sun salwanta. Namu faifan baya cin wuta amma waya tana faɗawa rijiya, ana sace ta a kasuwa, ni kuma mai gyara ne ya wanke min tawa tas ba tare da ya tambaye ni ba, hotunan kwana biyu suka tafi, sai da muka sake ɗauka bayan an riga an girbe gonar da muka fara a ciki. Don haka duk daren da kuka dawo daga ɗauka, kafin ka kwanta, tura komai a memori na biyu, ka tura wa wani amintacce ta Xender, ranar da ka shiga gari ka samu netwok mai ƙarfi ka ɗora a Google Drive. Kar ka ajiye ta WhatsApp kaɗai, yana matse hoto ya rage masa kyau, in dole ne tura shi a matsayin fayil.

In ka gama kar ka fara sakawa a intanet. Fara nunawa a gida, bayan isha, a jingina waya mafi girman allo ko a aro talabijin ɗin mai shagon caji, a tara mutum goma sha, da tsofaffi da yara, kai kuma ka koma baya ka rufe bakinka, kar ka bayyana komai ko an tambaye ka. Fuskokinsu zaka kalla. Inda suka fara hira da juna, wurin yayi tsawo, ka rage. Inda wani yace "me ya faru?", akwai hoton da babu, ka koma ka ɗauko. Ni a nunin farko wata gwaggona ce ta tambaya ina kuɗin san suka shiga, sai na gane ban nuna maganin ba sam, washegari da hantsi na koma bakin zaure na ɗauki hannun Baba yana ajiye ƙullin magani a gefen tabarmar yarinyar, daƙiƙa huɗu, na saka shi kafin hoton turke.